Ƙarshen Benci

Ranar da ya fara ganinta, hannunta kawai ya roƙa ya ɗauka. Sana'arsa gajerun fina-finai, irin waɗanda ba a magana a ciki: mai shara da sassafe, tsohuwa tana shanya, kofi ɗaya a kan tebur. Ita kuwa tela ce, tana zura zare a allura a bakin taga.

"Hannun kawai? Fuskar laifin me ta yi maka?" ta ce tana dariya.

Daga nan ya zama Mai Leƙe, ita ta zama Allurata. Shi da ya saba cin abinci daga shi sai bango, sai ga saƙonta: "Mai Leƙe, ka ci abinci, ko shi ma ɗaukarsa kawai ka yi?"

Da maganar aure ta taso, babanta ya ce sam. Ashe dattijon nan na fim ɗinsa da ya zaga wayoyi, mai goge benci a tashar mota kullum da yamma ya zauna shi kaɗai, shi ne Baba. Tun rasuwar matarsa, nan yake jiran 'yarsa ta taso daga aiki.

"Ya tallata kaɗaicina a duniya, ko sallama bai yi mini ba," in ji Baba. "Yanzu kuma wadda nake jira zai ɗauke?"

Ta rubuto masa: "Ina son ka, amma ba zan tsallake hawayen Baba ba. Ka yi haƙuri."

Kwana uku ɗakinsa ya yi masa faɗi. A na huɗu ya cire fim ɗin daga intanet, ya bar kyamara a gida, ya je tashar ya yi wa Baba sallama, ya nemi gafara, ya zauna a ƙarshen bencin. Ko kallo bai ishi Baba ba. Washegari ya dawo. Haka har sati biyar.

Ran nan ya makara. Ya tarar Baba ya goge wurin mutum biyu, yana ta leƙen hanya.

"Ina ka tsaya, ɗan nan? Mutum ya yi ta jira!" Baba ya kau da kai. "Ka turo manyanka."

Ranar ɗaurin aure Baba ya dafa kansu, ya ce: "Allah ya yi muku albarka, ya sa kada ɗayanku ya san zaman jira shi kaɗai."

Har yau su biyu ke jiran ta a bencin. Wannan kam bai taɓa ɗauka ba.