Sunan da Aka Goge a Manhaja

Ana gab da magariba abin ya fara. Injiniya na zaune a tsakar gida da kwamfuta a cinya, yana shirya zanen wani bututun ƙarfe da injin masana'antarsu zai gina washegari, hawa bisa hawa. Sai wani abu ya faɗo a kan kwanon rufi. Ya sake faɗowa. Matarsa ta tsinto, ashe ba dutse ba ne. Irin ƴan ginshiƙan nan ne da manhajarsa ta kwamfuta ke sa injin ya tokare kaya da su don kada su rufta ana cikin gini, in an gama a karye su a zubar.

Kwana uku ana wannan jifa. Ran na huɗu ɗiyar marigayi yayansa, wadda ya riƙe tun tana ƙarama har take ce masa Baba, ta zube a bakin ƙofa, ta tashi da muryar da ba tata ba.

Malam ya zo ya yi karatu har gumi ya jiƙa masa riga, sannan ya tambayi aljanin me yarinya ta yi masa. Ya ce ba ta yi masa komai ba. Shekara bakwai ya yi a saman bishiyar ɗorawar gidan ubanta, yana kallonsa yana rubuta manhajar nan har idonsa ya lalace. Da ciwo ya ci ƙarfin uban, ya damƙa wa ƙaninsa manhajar da ƴarsa amana.

Idanun yarinyar suka juyo kan Injiniya.

"Ko wata ba a yi ba ka goge sunansa ka sa naka. Ni ba mutum ba ne, amma na ji kunya."

Aljanin ya ce ba zai fita ba sai an mai da sunan, an kuma sanar da masana'anta. Malam, da ya saba ja-in-ja da irinsu, ya ce wannan sharaɗi ko shi ba zai nemi ragi ba.

Injiniya ya rubuta sunan yayansa a manhajar, ya aika wa masana'anta. Yarinyar ta yi atishawa, jikinta ya saki.

Shi da matarsa suka yi ta fatan ba ta ji komai ba. Da safe ta zo ta durƙusa kamar kullum, idonta a ƙasa.

"Ina kwana, Baffa."