Wanda Ke Cikin Buhun

"Ku sake shi! Kashe shi za ku yi!"

Glasha ta ture mutane ta faɗa tsakiyar filin masaƙa.

'Yan fim ne suka zo garin Ivanovo ɗaukar fim kan yajin aikin da aka yi a zamanin mulkin sarki, ma'aikata suka fito a matsayin kansu. Yadda ake yi wa maci amana a da, shi za a nuna: a kifa masa buhu a ka, a jefa shi a baro, a juye shi a kwata. Saurayinta Tikhon darakta ya zaɓa ya fito a maci amanar, wai fuskarsa ta dace. Tun ranar babanta ya rantse ba zai ba mai fuskar maci amana 'ya ba.

Amma wannan ba dukan wasa ba ne. Yefim, wanda ta ƙi aurensa tun bara, guntun ƙarfe ne a hannunsa. Jini ya jiƙa buhun.

"Ci gaba da ɗauka!" darakta ya daka wa mai kyamara tsawa. "Ya yi kyau!"

Ta damƙi wuyan hannun Yefim ta gantsara masa cizo har ƙashi. Ƙarfen ya faɗi gaban kowa. Ta juya ga wanda ke cikin buhun.

"Tikhon... masoyina... yi min magana!"

Ta yaye buhun.

Zakhar ne, abokin Tikhon, kan injin saƙa ɗaya suke aiki tun suna yara. Ya tofar da haƙori.

"Masoyi kuma? Sannu 'yar uwa, amma ba ni ba ne."

"Ina Tikhon?!"

"Na kulle shi a ɗakin zare. Na ji wannan karen yana cika baki zai fasa masa kai. Ni ko kaina dutse ne, tambayi malaminmu."

Sai ga Tikhon a guje, ya karya ƙofa da kafaɗa. Ya durƙusa, hawaye shaɓe-shaɓe.

"Jaki! Wa ya aike ka?"

"Kai ne jakin. Da na faɗa maka, da ka fasa shiga?"

Maza suka yi kan Yefim. Buhun nan mai jini suka kifa masa, baro ya yi kwata da shi.

Baban Glasha ya daɗe yana kallon Zakhar, sannan ya juya ga Tikhon.

"Ba a shiga buhu don maci amana. Ɗauke ta, yaro."

Glasha ta rushe da kuka a ƙirjin Tikhon.

"Ku yi bikin da wuri," in ji Zakhar, "amma a dafa abu mai laushi."