Jakin da Ke Jiran Mota

A wani ɗan ɗaki a kan tudun birnin Valparaíso Anselmo ya fara ganin Maite, ranar da ta zo ɗinka wa jakinsa riga. Jakin na ulu ne, bai fi tafin hannu ba, kuma shi ne jarumin ɗan fim ɗin da Anselmo ke haɗawa hoto bayan hoto: jaki a tasha yana jiran motar da ba ta zuwa, yana tambayar kansa ko an ma haife shi tukuna. Maite ta yi dariya har ta soke yatsa. Shi ke nan, bawan Allah ya kamu.

Ita ce ta yi ɓarnar. Da ta rasa yadin da ya ji jiki, sai ta yanke aljihun rigar aikin babanta, Don Evaristo, direban bas da aka soke layin da yake bi amma har yau kullum yana zuwa tasha ya zauna. Ranar da aka haska fim a unguwa, tsohon ya gane shuɗin rigarsa har da maɓallin. Ana ta dariya ya fice, ya rantse wanda ya mayar da shi jaki ba zai auri 'yarsa ba.

Anselmo ya rame, ya fita hayyacinsa. Ya aika mata saƙo: "Tsuntsuwata, zan ƙone jakin, in goge fim ɗin. Ke ce ba zan iya rasawa ba."

Ta amsa: "Kar ka ƙone, jakina. Kai masa."

Ya sami tsohon a tasha, ya miƙa masa jakin, ya ce zai sake ƙarshen fim ɗin, motar ta zo.

"Ƙarya za ka yi ke nan, yaro. Ba ta zuwa." Don Evaristo ya daɗe yana shafa 'yar rigar, idonsa ya kawo ruwa. "Ba dariyar ce ta ci ni ba. Barin sa da ka yi shi kaɗai ne. Da uwar Maite nake zama nan kafin ta rasu."

Ranar ɗaurin auren Anselmo da Maite aka haska sabon fim ɗin. Motar ba ta zo ba, amma jakuna biyu ne a benci. Tsohon ya sa wa ango da amarya albarka, sanye da rigarsa marar aljihu.