Ragon Sunan Huraira

Ƙasimu mai gurmi na dawowa daga kasuwar Sassumbrum da almuru, janye da ragon sunan jaririyarsa, sai ya tarar da wani dattijo ya baje gurmaye a gindin gawo.

"Na kamfanin Gobe-da-Nisa ne, mu ke ƙera su," in ji dattijon. "Taɓa ka ji, makaɗi."

Sai da leɓɓansa suka rufe sannan muryar ta iso. Ƙasimu ya lura, amma makaɗi ba ya mayar da gurmin da aka miƙo masa bai taɓa ba.

Ya kaɗa tsirkiya. Geron bakin hanya ya fid da kai, ya bushe, ya sake tsirowa, ya sake bushewa, haka dai ba adadi. Da ya ɗago, babu dattijo, babu rago, igiyar ta rududduge a hannunsa.

Ya ruga gida, ya yi sallama. Wata mace mai goyo ta leƙo.

"Baba, wa kake nema? Mai gidan ya ɓace tun jajibirin sunana."

"Yaya sunanki?"

"Huraira."

Sunan da ya raɗa mata a kunne ke nan, makon nan.