Wasan da Ya Haɗiye Muryar Malam Almu

A wani ƙauye kusa da Sabon Birni akwai wata yarinya 'yar aji biyar. Tana da kaifin kai. Sai dai idan ta ƙwallafa rai a kan abu, ba ta ji ba ta gani.

Tana zaune da Babanta da Innarta da kakarta, Nana Hauwa. Ita da Kaka ba sa rabuwa. Kaka ba ta kiran sunanta, sai dai ta ce "ƙawata".

Kaka tana da babbar waya, irin ta shafawa. Abu ɗaya kawai ta iya yi da ita. A cikin wayar akwai muryar mijinta, Malam Almu, wanda ya rasu bara waccan. Lokacin da yake jinya ne Baba ya ɗauki muryar. A ciki Malam yana ba da labarin yadda kakanninsu suka baro Alkalawa. Daga ƙarshe ya yi wa 'ya'yansa da jikokinsa addu'a, kowa da sunansa.

Kullum bayan sallar asuba Kaka takan zauna a kan tabarma, ta ɗora wayar a cinya, ta saurara. Idan aka zo wajen addu'a sai ta ɗaga hannu tana cewa amin, kamar yana zaune a gabanta.

Ƙauyen babu wutar lantarki. Kowa wurin Isah mai caji yake kai wayarsa. Isah yana da rumfa da faifan sola a bakin hanya. Ban da caji, yana tura wa mutane fina-finai da waƙoƙi da wasanni. Yarinyar ce take kai wayar Kaka idan ta taso daga makaranta.

A ƙarshen damina wani wasan waya ya shigo gari. Yara suna ce masa Matafiyi. Wani yaro ne a ciki yake ƙetare rafi, ya shiga kufai, yana neman makullan wani tsohon birni. Ƙawarta Mardiyya ta ɗan ba ta ta gwada a wayar wanta. Tun daga ranar, ko tuwo take ci, Matafiyi take gani a cikin kwano.

Wata rana da ta je karɓo waya, sai ta tsaya tana murza hannu.

"Malam Isah, kana da Matafiyi?"

"Akwai shi mana," in ji Isah. "Na gaske sai an biya masu shi da katin banki. Ni nawa hwasasshe na. An ɓalle mai makulli, kowa na iya ɗauka."

Yarinyar ta ce, "To, ba sata ba ta?"

Isah ya yi dariya. "Sata? In kinka ɗebo wuta gidan maƙwabta, tasu raguwa take? Wanga ma haka na. In tura maki, nawa na nan, nasu na nan."

Maganar ta yi mata daɗi, don dama abin da take so ta ji ke nan. Wata zuciya ta ce mata wayar Kaka ce fa. Wata kuma ta ce Kaka ba za ta sani ba. Ta bi ta biyun, ta ce Isah ya tura mata wasan.

Ba ta wuce gida ba. Bayan rumbu ta laɓe, ta kunna wasan. Ta ƙetare rafi. Ta shiga kufai. Tana cikin murna sai wayar ta fara zafi. Wasu rubuce-rubuce suka riƙa faɗowa a kan fuskar wayar. Ta danna nan, ta danna can. Wayar ta tsaya cik, sannan ta yi baƙi.

Ta lallaɓa ta ajiye wayar a ƙarƙashin matashin Kaka, ba ta ce wa kowa komai ba.

Da asuba ta ji Kaka tana kira.

"Ƙawata, taho ki duba man. Malam ya ƙi magana yau."

Yarinyar ta karɓi wayar. Ta danna, ta sake dannawa.

"Halan caji na, Kaka," in ji ta. Ita kanta ta san ƙarya take yi.

Ranar kasuwa Baba ya tafi da wayar Sabon Birni wurin mai gyara. Ya dawo bayan la'asar. Ya jingine babur, ya zauna a bakin tabarmar Kaka. 

"Inna," ya ce da mahaifiyarsa, "waya ta tashi. Amma mai gyara yac ce wata cuta tas shiga cikinta, ta cikin wani wasa na sata. Ta lalata duk abin da ke ciki. Dole anka wanke ta."

Kaka ta dube shi. "Malam hwa?"

Baba ya sunkuyar da kai.

"Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un," in ji Kaka a hankali. "Ashe za ni rasa Malam sau biyu."

Ba ta yi kuka da ƙarfi ba. Ta naɗe tabarmarta, ta shiga ɗaki. Wannan shirun ya fi duka zafi. Yarinyar ta durƙusa a gaban Baba, ta fashe da kuka.

"Baba, ni ta. Ni nis sa anka tura wasan."

Ta faɗi komai, har da laɓewa bayan rumbu, har da ƙaryar caji. Baba bai ɗaga hannu ba. Ya bari ta gama.

"Kin san ba a biya masu wasan ba?"

"Na sani. Amma Isah yac ce awa ɗibar wuta na, ba ya rage ma kowa komi."

Sai muryar Kaka ta fito daga bakin ƙofa.

"Tun da nike aiken ki ɗibar wuta, kin taɓa haura katangar mutane? Sallama kike yi, a amsa maki, ki roƙa, a ba ki. Wutar da anka ɗauka ba sallama, ita ka ƙone gida."

Baba ya ce, "Abu biyu kinka ɗauka ba izini. Wasan mutane, da wayar kakarki. Tashi ki ba ta haƙuri."

Ta je ta riƙe ƙafar Kaka tana kuka. Kaka ta ce ta yafe. Amma washegari da asuba, yarinyar ta gan ta zaune a kan tabarma, hannuwanta a cinya, babu abin saurare. Haka jibi. Haka gata. Kuma ta daina cewa "ƙawata".

A makaranta malamin ajinsu, Malam Hafizullahi, ya lura da ita. Wadda take riga kowa ɗaga hannu ta koma kamar ruwa ya cinye ta. Lokacin tara ya kira ta gindin dogon yaro. Ta ba shi labari.

Malam ya ciro wayarsa. Ya buɗe wasan na gaske, ya nuna mata wani jerin sunaye a ƙarshensa.

"Kin ga waɗanga? Su sunka yi shi. Wani yaz zana rafin, wani yat tsara hanyoyin kufai. Sun daɗe suna wahala a kai, kuma da shi suke ciyar da gidajensu. In kowa yaɗ ɗauki hwasasshe, mi za su ci?"

Ta girgiza kai.

"Kuma wanda yah hwasa shi ba don Allah yay yi ba. Shi ka cusa cutar a ciki, don ya kwashi abin mutane. Amma dubi nan. Masu wasan sun ba da kashin farko kyauta, a shagonsu na gaskiya da ke cikin waya. Wanga halal na. Awa kala na, bayan mai gona ya gama kwashe amfaninai yac ce yara su shiga. Sauran kuma sai an biya. Ga shi, gwada."

Ya miƙa mata wayar. Ta dube ta, ba ta karɓa ba.

"Malam, ba wasa nike so ba yanzu. Muryar kakana nike so."

Malam ya yi ɗan tunani. "Ba wanda anka taɓa tura ma ita?"

Yarinyar ta miƙe zumbur. Ta tuna ranar sadakar arba'in. Gwaggo Rukayya, ƙanwar Baba da ke aure a Burkusuma, ta yi ta kuka tana cewa a sa mata muryar mahaifinta a wayarta.

Da gudu ta isa gida ta gaya wa Baba. Ya kira Gwaggo, layi ya ƙi shiga. Ya sake kira da yamma, ya shiga da ƙyar. Gwaggo ta ce ita dai ta san an sa mata wani abu, amma ba ta iya nemowa ba, balle turawa. Sai dai a je.

"Sai mun gama aikin gyaɗa," in ji Baba. "Ga shi man babur ya yi tsada. Kada ki hwaɗa ma kakarki tukuna, don kada mu sa mata rai a banza."

Maƙwabcinsu Malam Jibrilla ya riga kowa cire gyaɗa. Yarinyar ta je ƙofar gidansa, ta yi sallama, ta durƙusa.

"Baba Jibrilla, ko an yarda in yi kala a gonarka?"

"An yarda, ɗiyata. Abin da kinka samu naki na."

Kullum bayan makaranta sai ta ɗauki ƙwarya da ɗan sanda ta nufi gona. Tana tona ƙasa tana tsintar 'ya'yan gyaɗar da suka maƙale. Rana ta dake ta. Ƙaya ta soke ta. Farcenta ya cika da ƙasa. A hankali buhun da Inna ta ba ta ya fara nauyi.

Ranar da Baba ya gama aikinsa, ta jawo buhun ta ajiye a gabansa.

"Baba, a sai da wagga a sa mai."

Baba ya dube ta. "Na ɗauka wasan kike tara ma."

"Shi yana iya jira. Kaka ba ta iyawa."

Da sassafe suka kama hanyar Burkusuma tare da baburan 'yan kasuwa, don ba a bin hanyar a kaɗaice. Gwaggo Rukayya ta tarbe su da fura. Wayarta 'yar ƙarama ce, an ɗaure bayanta da roba. Cike take da wa'azi da karatu. Baba ya riƙa buɗewa ɗaya bayan ɗaya. Yarinyar tana gefe tana addu'a a zuci.

Can sai aka ji wani ɗan tari, sannan wata murya mai rauni ta yi bismilla. Gwaggo ta rufe bakinta da mayafi.

An samu, amma ba duka ba. Addu'ar ce kawai. Labarin Alkalawa ya yi wa ƙaramar wayar tsawo, ba a sa shi ba tun farko. Baba ya tura addu'ar cikin wayar Kaka da suka zo da ita.

Suka iso gida kafin magariba. Kaka tana tsakar gida tana ɓarar wake. Yarinyar ta durƙusa a gabanta da wayar a hannu.

"Kaka, in kunna maki wani abu?"

Kaka ta ɗaga kai. "Kunna."

Muryar Malam Almu ta cika tsakar gida. Waken ya zube daga hannun Kaka. Ya ambaci Baba. Ya ambaci Gwaggo. Ya bi jikoki ɗaya bayan ɗaya, har ya zo kan yarinyar. Ya kira sunanta, ya ce Allah Ya sa ta zama mai riƙon amana.

Kaka ta ɗaga hannu. "Amin," in ji ta, hawaye yana bin kumatunta. "Amin, Malam."

Yarinyar ma kuka take. "Kaka, labarin Alkalawa bai dawo ba. Ni nis salwantar da shi."

Kaka ta share fuska da gefen zani. Ta matsa, ta buga tabarma da tafin hannu.

"Tun ina amarya nike jin labaring ga. Zauna nan, ƙawata. Riƙe wayar da kyau, in ba ki abin da nit tuna."

Suka zauna har aka kira salla. Kaka tana faɗi, yarinyar tana ɗauka.

Da aka yi roron wake, ta sake neman izini ta yi kala. Wannan karon Baba ya sayar, ya biya masu Matafiyi da katinsa a shagonsu na gaskiya. A wayar Baba aka sa shi. Takan yi wasan a tsakar gida bayan ta gama aikin makaranta, ba a bayan rumbu ba. Wani lokaci Kaka takan leƙo ta ce, "Har yanzu yaron ga bai gane hanya ba?"

Yara, abin da wani ya sha wahala ya yi, haƙƙinsa ne, ko da a cikin waya yake. Idan kuna so, ku nemi izini, ko ku yi haƙuri ku saya. Na sata yakan zo da sauƙi, amma abin da zai tafi da shi ba kullum ake samunsa duka ba.