Agwagwar da Ta Ari Bakin Mama

Duk gidan an hallara a falo, don yau za a fara nuna shirin yara na talabijin da Dogo, saurayin Auta, ya rubuta daga wani littafin labari. Mama har da sa tabarau.

A littafin, tsohuwar agwagwa ba ta magana. Fim kuwa sai da baki, don haka Dogo ya ba ta. Tana fitowa ta yi gyaran murya, ta ce, "Ni dai ba ruwana, amma wa ya taɓa min kofi?"

Jikoki suka tuntsire da dariya. "Wallahi Kaka ce! Kaka ce sak!"

Yaya Babba, wan Auta, ya fizgi rimot ya kashe. Auta ta ji kamar ta nutse, domin ita ke kwaikwayon Mama idan suna zance, shi kuma ashe kwashewa yake yi. Wannan cin fuska ne, ba shi da wani suna! Kafin a ankara, yaran layi sun fara bin Mama da "kwak-kwak".

"An fasa auren," in ji Yaya Babba. "Ya je ya auri agwagwarsa!"

"Yaya, laifina ne..." Auta ta fashe da kuka.

"Rufe min baki, 'yar rahoto!"

Dogo ya zo ya durƙusa. "Mama, sori—"

"Sori? Haka ake ba manya haƙuri a gidanku?"

Ya tashi ya fita. Kullum sai ya dawo gaisuwa, ba ta amsawa. Rannan ta tare shi da littafin a hannu.

"Na karanta. Agwagwar nan ce ta rufe 'yan tsakin maƙwabta da fukafukanta da ruwa ya ɓarke. Ina wannan a fim ɗinka?"

"Darakta ya ce babu lokaci, muka yanke."

"Na tsiya akwai lokaci, na alheri ne babu? Ka mayar, a nuna, sannan a yi maganar 'yata."

Ya sha daru da darakta, amma ya mayar. Ran da aka nuna, Dogo na durƙushe a bakin ƙofa. Mama ta share hawaye.

"Auta, ba angon naki kujera. Gwiwarsa ta gaji."

Ku riƙe wannan, yara: wanda ya kunyata babba a gaban jama'a, ban haƙuri a ɗaki bai isa ba. A gaban jama'a zai wanke shi, kuma ya jure har a yafe masa.