Ganyen da Ya Kusa Raba Su

"Ba zan ci ba! Wallahi ko loma ɗaya!"

Auta ta ture kular abincin har ta bugi ƙafar keken ɗinkinta. Saurayinta ya tsaya sororo a tsakiyar shagon.

"Haba rabin raina... Yaya ce fa ta dafa miki da hannunta."

"Ai shi ya sa!"

Tun da aka yi wa Auta aikin zuciya, ƙwaya ɗaya ke riƙe da lafiyarta, maganin tsinka jini da take sha kowace yamma. Lokaci-lokaci takan je asibiti a caki yatsarta, na'ura ta nuna lamba. Likita ta ja mata kunne cewa lambar ta tsaya tsakanin biyu da uku. In ta haura, jini ya yi ta zuba ba tsayawa. In ta sauka, ya yi gudaji ya toshe jijiya. Shekara da shekaru lambar tana zaune lafiya lau. Ana tsayar da ranar aurenta, ta fara sauka.

Kuma daidai lokacin ne yayarsa ta fara aiko mata da abinci kullum. Matar da ta taɓa cewa a gaban dangi ƙanenta ba mata zai aura ba, asibiti zai aura! Wannan kirki na rana tsaka bai kwanta wa Auta a rai ba ko kaɗan.

"Magani ban fasa sha ba, komai ban canja ba sai abincin nan," ta ce. "Ka tambaye ta me take zuba mini!"

Labulen ƙofa ya ɗaga. Ashe Yaya tare suka zo, ta tsaya a waje tana amsa waya.

"Na ji da kunnena," ta ce a hankali. "Ni ce mai guba ko? To ki zauna da lafiyarki. Auren nan an fasa."

"Yaya, don Allah..."

Ko kallonsa ba ta yi ba. Ita ta rene shi tun rasuwar iyayensu, kuma Auta ta sani sarai maganarta ba ta faɗuwa ƙasa.

Hawaye na zuba Auta ta suri kular ta nufi asibiti, shi kuma yana biye da ita kamar jela. Shi ma yanzu ba ta yarda da shi ba. Me ya sa kullum sai ya tsaya ya ga ta cinye tas?

"Likita, so nake a auna wannan. Ana zuba mini wani abu."

Likita ta buɗe murfin. Shinkafar ma da ƙyar ake hango ta, alayyahu da kabeji sun binne ta.

"Kullum haka kike ci?"

"Kullum."

"Da can fa?"

"Da can ganye bai dame ni ba."

Likita ta mayar da murfin. "Ba sai an auna ba, ga mai laifin nan kore shar. Irin wannan ganyen yana rage wa maganinki ƙarfi. Ba a hana ki ci ba, amma ki riƙa cin daidai gwargwado kullum, sai mu daidaita miki magani a kai. Wa ya ce a loda miki haka?"

Auta ta juya ta ga gogan naka ya sunkuyar da kai yana murza hula.

"Ni ne," ya ce. Kayan miya yake sayarwa a kasuwa, ganye kuwa shi ne abin alfaharin rumfarsa. "Na ji mata suna cewa yana ƙara jini. Sai na riƙa ware mafi kyau ina kai wa Yaya. Da farko ta ƙi, na yi ta roƙo. Daga baya ita da kanta take cewa in ƙaro, wai kin rame."

Kunya ta lulluɓe Auta har ta ji kamar ƙasa ta tsage ta shige.

"Masoyi... ka kusa kashe ni da so."

"Ki yafe mini." Idanunsa sun kaɗa sun yi ja.

"Naka mai sauƙi ne. Tashi mu je."

Sun sami Yaya a kicin tana goge murhu kamar da shi take faɗa. Auta ta durƙusa har ƙasa ta zayyana mata komai, ba ta rage wa kanta laifi ba.

"Yaya, na zalunce ki. Tsoro ne ya rufe mini ido."

Yaya ta ɗago kai daga gugar da take yi.

"Da kashe ki zan yi, sai in tsaya ina soya miki albasa?" Ta watsa wa ƙanenta harara. "Kai kuma likitan kasuwa, daga yau ka fita harkar tukunyata."

"To Yaya... auren fa?" ya tambaya.

Yaya ta ajiye tsumman gugar. Ta wanke hannu, ta kamo Auta ta miƙar da ita.

"Yaushe za ki koma gwajin?"

"Jibi."

"Ki biyo ta nan mu tafi tare. Da kunnena zan ji abin da za a riƙa dafa wa matar ƙanena."